Hagane: Gem Ɗin Ninja da Kaset Ɗinsa Ya Fi Wayarka Tsada

 Na so a ce yau mu ci gaba da bayanin yadda ake rage shan data, amma wani abu da ya faru a gidanmu nan Bodinga ya sa na ajiye wancan zuwa wani lokaci.

Ranar Asabar da yamma ɗan baffana ya same ni ina aiki a zaure, ya miƙo mini wayarsa ya ce, "Yaya, duba mani wayag ga, gem na sauke ya ƙi buɗewa." Ashe bidiyo ya gani a TikTok, wani yana nuna wani tsohon gem na ninja mai suna Hagane, yana cewa kaset ɗinsa ya kai miliyoyin naira, kuma ga mahaɗi a ƙasa ga mai son ya buga shi kyauta. Yaron ya danna, ya sauke fayil ɗin APK mai nauyin megabait 60 da wani abu, ya ɗora. Da na duba, abin da manhajar ta nema shi ne izinin karanta saƙonnin tes da izinin ganin duk abin da ke kan fuskar waya. A wayar nan kuwa akwai manhajar bankin mahaifiyarsa, kuma a layin ne lambar sirri take shigowa. Allah ya taimaka bai ba da izini na biyun ba. Muka goge ta, muka sauya lambobin sirri a daren.

Abin da ya ba ni haushi shi ne rabin maganar mai bidiyon gaskiya ce. Akwai Hagane, kuma yana da tsada. Da gaskiyar ce aka yi wa ƙaryar riga. Shi ya sa na ga ya dace mu zauna mu san gem ɗin kansa, mu san abin da ya sa ya yi wuyar samu, domin wanda ya fahimci wannan ba za a sake kama shi da irin wannan tarko ba.

Wane ne Hagane?

Gem ne da wani ƙaramin kamfanin Japan mai suna CAProduction ya haɗa, kamfanin Hudson Soft kuma, masu Bomberman, suka fitar da shi a watan Nuwamba na 1994 a kan na'urar Super Famicom ta Nintendo. A 1995 ya isa Amurka da Turai, inda ake kiran na'urar Super Nintendo, aka sa masa suna Hagane: The Final Conflict. Kalmar hagane a Japananci tana nufin ƙarfe mai tauri, irin wanda ake ƙera takobi da shi. Labarin gajere ne: ƙabilar Koma ta kai wa ƙabilar Fuma hari ta karkashe su, mutum ɗaya ya rage da sauran numfashi, aka ɗauki ƙwaƙwalwarsa aka sa a gangar jiki ta ƙarfe, ya tashi neman fansa.

Wanda ya zana surar jarumin da dodannin shi ne Keita Amemiya, mai shirya finafinai, wanda ya yi Zeiram a 1991, daga baya kuma ya ƙirƙiro Garo. Hannunsa ya fito fili a gem ɗin: gidajen bauta na tsohuwar Japan haɗe da injuna da bututu, jiragen sama masu rufin katako, abokan gaba rabi mutum rabi inji.

A wajen bugawa, kana da takobi, da wuƙaƙen jifa, da bama-bamai, da sarƙa mai ƙugiya wadda kake maƙalawa a rufi. Abin da ya fi burge ni shi ne maɓallan kafaɗa guda biyu na hannun gem. Da su Hagane yake yin alkafura gaba ko baya, kuma irin dukan da zai fito ya danganta da yawan alkafurar da ka yi kafin ka danna duka. Gem ne mai wuya ƙwarai, ba ya lallashin kowa. A ganina yana da kyau, amma ba zan ce ya fi Shinobi III na Sega ba, wanda kaset ɗinsa bai kai ko kusa da kuɗin Hagane ba. Ku riƙe wannan, za mu dawo kansa.

Me ya sa ya yi ƙaranci?

Abu na farko shi ne lokacin da ya fito. A watan Nuwamban nan na 1994 ne Donkey Kong Country ya fito, gem ɗin da ya sayar da sama da kwafi miliyan 9 ya ɗauke hankalin duk mai Super Nintendo. A watan ne kuma Sega Saturn ta shiga kasuwar Japan, ranar 3 ga Disamba PlayStation ta biyo baya. Lokacin da Hagane ya isa Amurka, yara sun riga sun fara tara kuɗin sabbin na'urori masu faifai da hoto mai zurfi uku. Wa zai tsaya kallon wani ninja da ba a san shi ba a kan tsohuwar na'ura? Ya zo kasuwa ana watsewa.

Abu na biyu ya fi muhimmanci ga mu da muka tashi a zamanin saukewa daga intanet. Idan na haɗa manhaja na sa ta a Play Store, ko mutum goma suka sauke ko miliyan goma, ban ƙara ko kwabo wajen yin kwafi ba. Kaset ba haka yake ba. A cikin kowane kaset akwai fanel da aisi, kuma a masana'anta ake dasa gem ɗin cikin aisin, dasawar da ba ta goguwa. Nintendo ce take ƙera kasusuwan, kamfanin da ke da gem ya yi oda ya biya tun kafin ya sayar da ko ɗaya, ya jira makonni kafin kaya su iso. Idan ya yi odar da yawa suka kwanta masa, asara ta hau kansa. Saboda haka duk gem ɗin da ba a sa ran zai ci kasuwa ba, kaɗan ake bugawa, idan ya ƙare kuma shi ke nan. Kamar mai tuyar ƙosai ce da ta ga hadari ya haɗo, ba za ta dama ƙullu mai yawa ba.

Na uku kuwa labari ne. A Amurka akwai wani kamfanin ba da hayar kaset mai suna Blockbuster, irin shagunan hayar kaset ɗin finafinan Hausa da yayyenmu suke ba mu labari, sai dai nasu ya kai rassa kusan 9,000 a 2004 kafin ya karye a 2010. Shekaru da yawa masu tara tsofaffin gem suna yaɗa cewa a Blockbuster kaɗai aka ba da hayar Hagane, ba a taɓa sayar da shi a shago ba. Wasu sun musanta, sun ce su a shago suka sayi nasu. Ko da wace ce gaskiya, labarin ya yi aikinsa: duk wanda ya ji sai ya ƙara ɗaukar kaset ɗin da daraja. Da masu bidiyo a YouTube suka fara sa shi cikin jerin gem masu kyau da ba a sani ba, masu nema suka ninka, kasusuwan kuwa ba su ƙaru ba. Yau kaset ɗin Amurka tsirararsa ana sayar da shi ɗaruruwan daloli, mai kwali da littafinsa kuma ya haura dala 1,000, wato sama da naira miliyan ɗaya.

Kada a ɗauka tsada ita ce ma'aunin kyau, ko ma ita ce ma'aunin ƙaranci. A watan Yuli na 2021 an yi gwanjon kwafin Super Mario 64 guda ɗaya a kan dala miliyan 1.56, alhali gem ɗin ya sayar da sama da kwafi miliyan 11. Abin da aka saya shi ne ledar da ba a taɓa yagewa ba da kwalin da bai lanƙwashe ba. Mai irin wannan sayayya ba zai taɓa buga gem ɗin ba, don ranar da ya buɗe ledar ranar kuɗinsa suka narke.

Ga kuma misalin da ya fi kusa da mu. Wanda ya taɓa riƙe irin na'urar nan ta roba da ake haɗawa da talabijin, mai kaset ruwan ɗorawa da aka rubuta wa gem dubu tara da ɗari tara alhali goma ne ake ta maimaitawa, zai iya tuna wani ninja mai tsalle har saman bishiyoyi yana jifa da taurari. The Legend of Kage ke nan, na kamfanin Taito, wanda ya fara fitowa a 1985. Shi ma ninja ne, shi ma daga Japan, ya ma girmi Hagane da shekara tara. Bai taɓa yin wuyar samu ba, saboda masu kwafi sun buga shi ba adadi har ya iso ƙauyukanmu.

Kaset daban, gem daban

Nan ne zuciyar darasin. Abin da ya yi ƙaranci shi ne robar da fanel ɗin da sitikar da aka manna a 1995. Gem ɗin da ke ciki bayanai ne kawai, kuma ana iya karanto su daga aisin da wata 'yar na'ura a adana su a matsayin fayil. Wannan fayil shi ake kira ROM. Na Hagane bai kai megabait 4 ba, kamar kusan duk gem ɗin Super Nintendo. Hoto ɗaya da kyamarar wayarka ta ɗauka yana iya fin shi nauyi.

Fayil ɗin ROM ba ya buɗewa da kansa a waya, domin an rubuta shi ne don ƙwaƙwalwar Super Nintendo, wayarka kuwa ba ta jin wannan yaren. Sai an sami tafinta, wato emuleta, manhajar da take kwaikwayon tsohuwar na'urar. Da yawanku kuna amfani da emuleta kullum ba tare da kun san sunanta ba: PPSSPP ɗin da kuke buga ƙwallo a kai emuletar PSP ce, wani ɗan ƙasar Suwidin mai suna Henrik Rydgård ya fara ta a 2012. Ta Super Nintendo kuwa akwai Snes9x EX+, da Lemuroid, da RetroArch. Masu iPhone ma tun Afrilun 2024 Apple ya buɗe wa irin waɗannan manhajoji ƙofa, Delta ta shigo.

To daga nan ka riga ka sami ma'aunin da zai kare ka. Fayil ɗin Super Nintendo yana ƙarewa da .sfc ko .smc, na Game Boy Advance yana ƙarewa da .gba, wani lokaci a dunƙule cikin .zip. Ba a ɗora shi kamar manhaja, ba ya neman izinin komai, emuleta ce take buɗe shi kamar yadda manhajar kiɗa take buɗe waƙa. Duk wanda ya miƙo maka APK ya ce gem ɗin 1994 ne, ka tambayi kanka: abin da bai kai megabait 4 ba, me aka cusa masa har ya kai 60? Wani lokaci emuleta ce aka naɗe da tallace-tallace. Wani lokaci kuma abin da ya sami ɗan baffana ne. Babu gem ɗin da yake buƙatar karanta saƙonninka kafin ninja ya yi tsalle.

Ga masu sha'awar rubuta manhaja irina, akwai abin daɗi a cikin fayil ɗin. Kowane ROM na Super Nintendo yana ɗauke da ɗan katin shaidarsa. Idan ka buɗe shi da manhajar duba lambobin heks ka je adireshin 7FC0 ko FFC0, ya danganta da tsarin kaset ɗin, za ka ga sunan gem ɗin a rubuce cikin bait 21. Gaba kaɗan akwai lambobi biyu na tantancewa, waɗanda idan ka haɗa su dole su ba ka FFFF. Idan ka duba ba ka ga sunan a wurin ba, ƙara 200 na heks a kan adireshin, domin tsofaffin na'urorin kwafi suna liƙa bait 512 a farkon fayil. Ranar da na fara ganin wannan da idona na kusa raba dare ina buɗe fayil bayan fayil, har caji ya ƙare. Idan kuma kana son tabbatar da cewa ba a taɓa fayil ba ko da bait ɗaya, buɗe Termux ka rubuta sha1sum da sunan fayil ɗin, ka kwatanta abin da ya fito da kundin No-Intro, wata ƙungiyar masu sa kai da take ajiye lambobin tantancewar ingantattun kwafi.

Na san tambayar da za ta biyo baya a sashen sharhi, don haka bari in amsa tun yanzu: ba zan sa mahaɗin sauke ROM ba. Emuleta ba laifi ba ce, amma gem ɗin yana da mai shi. Hudson Soft ta narke cikin Konami a watan Maris na 2012, hakkin kayanta ya koma can. Ni ma da manhaja nake neman abinci, na san zafin ka wayi gari ka ga aikinka ana rabawa ta Xender.

Akwai hanyar da ta fi, kuma ƙanin Hagane ne ya nuna ta. A 2003 Hudson Soft ta haɗa wani gem ɗin ninja mai suna Ninja Five-O a kan Game Boy Advance, Konami ta fitar da shi a Amurka, a Turai aka kira shi Ninja Cop. Abin mamaki, a Japan inda aka haɗa shi ba a sayar da shi ba a lokacin. Kana buga Joe Osugi, ninja mai lilo da ƙugiya yana ceto mutanen da 'yan ta'adda suka yi garkuwa da su a banki da tashar jirgin ruwa da filin jirgin sama. Shi ma kaɗan aka buga, shi ma ya koma ɗaruruwan daloli. A watan Fabrairun 2025 Konami tare da Limited Run Games suka sake fitar da shi a Switch da PlayStation da kwamfuta, a kan kuɗin da bai taka kara ya karya ba idan aka kwatanta da na tsohon kaset. Mai son bugawa ya samu ta halastacciyar hanya, mai son tsohuwar roba kuma ya ci gaba da biyan kuɗinsa.

Idan kuma wata rana ka ci karo da kaset mai suna Hagane cikin kayan gwanjo a Tsohuwar Kasuwa ta Sakkwato ko a buhun ɗan gwangwan, kada ka fara lissafin babur. Jabunsa sun cika duniya. Na gaske yana ɗaure da noti na musamman mai kai kamar tauraro, kuma idan aka buɗe za a ga sunan Nintendo a jikin fanel da lambar gem ɗin a jikin aisi. Idan ka ga ɗigon baƙin danƙo a maimakon aisi, na jabu ne. Kada kuma ka hura masa iska da baki idan ya ƙi kamawa, danshin yawu yana sa haƙoransa tsatsa. Auduga da ɗan sifirit sun isa su cire ƙurar hunturu.

Wanda ya fi Hagane shiga haɗari yana aljihunka

A watan Yuli na 2023 cibiyar Video Game History Foundation ta fitar da bincike da ya nuna kashi 87 cikin 100 na gem ɗin da aka fitar a Amurka kafin 2010 ba a sayar da su yanzu ta kowace hanya. Duk da haka, irin su Hagane masu sa'a ne. Gem ɗin gaba ɗayansa yana cikin kaset, ba ya jiran umarnin kowa. Bayan shekara talatin ka zura shi a na'ura zai tashi.

Gem ɗin wayarka fa? Apex Legends Mobile ya fito a watan Mayun 2022, aka kashe sabarsa ranar 1 ga Mayun 2023. Wanda ya sayi kaya a ciki da kuɗinsa, sun tafi tare da sabar, kuma ko kana da APK ɗinsa a memori ba abin da zai buɗe maka sai allon jira. Flappy Bird mai shi Dong Nguyen ne ya cire shi da kansa a Fabrairun 2014, har mutane suka riƙa sa wayoyin da ke ɗauke da shi a kasuwar eBay da tsada. Wasu kuma tsarin wayar ne yake kashe su: iOS 11 ya daina buɗe manhajoji masu bit 32 a 2017, Android 14 kuma yana ƙin ɗora manhajar da aka gina don abin da ya gaza Android 6. A ƙarshen Maris na 2024 Ubisoft ta kashe The Crew, gem ɗin da mutane suka saya da faifansa, abin da ya haifar da gangamin Stop Killing Games.

Mu Hausawa mun san wannan ciwon ta wata fuska. Turmin Danya ya fito a Kano a 1990, ana ɗaukarsa mafarin finafinan bidiyo na Hausa. Shiga kasuwa yau ka nemi kaset ɗinsa ka ji amsar da za a ba ka. Haka gem ɗin Java da muka sauke daga Waptrick a wayoyin Nokia na yayyenmu, muna ɓoyewa a bayan aji. Fayilolin .jar ne 'yan ƙanana, kuma manhajar J2ME Loader tana buɗe su a Android har yau, in dai akwai wanda ya ajiye su.

Saboda haka kafin ka zuba kuɗi a gem, kashe data ka buɗe shi. Idan ya ƙi tashi, ka san haya kake yi, kuma mai gida yana iya rufe ƙofa ranar da ya ga dama. Ban ce kada ka buga Free Fire ko eFootball ba, ni ma ina bugawa. Amma ka san abin da kake saya.

Bayan mun gama goge wancan APK ɗin, ɗan baffana ya tuna akwai wata tsohuwar Nokia ta yayansa a ƙasan akwati. Batirin ya kumbura, amma memorin yana nan lafiya. Muka zare shi muka sa a kwamfutata, muka tarar da fayilolin .jar goma sha huɗu. Tara sun buɗe a J2ME Loader, biyar sun lalace. Taran na kwafe su wuri biyu, ɗaya a filashi ɗaya a Google Drive. Idan kuna da irin wannan memori a gida, ku faɗa mini a sashen sharhi abin da kuka samu a ciki. Darasin rage shan data kuma yana nan tafe mako mai zuwa in sha Allah.